Jan Fentin Yayana

Duk ginin da ka gani a garin nan da ƙatuwar jar alama a bango, sanda biyu a gicciye, ƙarƙashinsu an rubuta A RUSHE, to aikin hannun yayana ne. Ba sai ka tambayi kowa ba. In layin ya miƙe sambal, fenti bai zirara ko ɗigo ba, nasa ne. Shekara ashirin da ɗoriya ke nan yana wannan aiki a ofishin kula da filaye, har sunansa ya ɓace a bakin mutane, yaro da babba sai dai Jan Fenti. Ni Yaya nake ce masa. Ni ce autar gidanmu, ɗinki nake yi, kuma gara in faɗa tun yanzu: raina a ɓace yake, kada wani ya sa ran zan ba da labarin nan da sanyin murya.

Yaya mutum ne da ko ƙuda ya sauka masa a hanci sai ya nema masa uzuri. Da ƙuruciya rubutun allunan shaguna ya koya wajen wani mai zane a bakin tasha, shi ya sa hannunsa ba ya rawa. Da ofis ya nemi mai shafa alama sai aka ɗauke shi. Ranar da ya shigo gida da labarin, Babanmu, Allah ya jiƙansa, yana tsugune yana liƙin tayar keke. Ya miƙe da roba a hannu ya ce, "Yau ɗana ya zama hukuma." Inna kuwa sai da ta zaga maƙwabta gida gida da albishir. Da sun san irin hukumar, da sun rage murna.

Aikin nasa a baki ba wuya. Duk wanda ya yi gini a filin jama'a, ko ya ci hanya, ko ya toshe magudanar ruwa, sai a tura Yaya da gwangwanin fenti da burushi a bayan babur, ya shafa wa ginin alama. Ma'anarta mai gini ya tattara nasa ya nasa, katafila na nan tafe. Iyakar rabon Yaya ke nan, rushewa aikin wasu ne. Amma in ka ga yadda yake ɗaukar abin sai ka rantse a kansa duniya ta tsaya. Sai ya goge ƙurar bangon da tsumma tukuna. Ya motsa fentin da kara har ya yi daidai, ba kauri ba tsinkewa. Ya ja baya ya ƙare wa bangon kallo da ido ɗaya a rufe, sannan ya ja layi. Da yamma ya zauna a tsakar gida ya wanke burushinsa da kananzir, ya taje shi da tsohon matajin matarsa, ya rataye shi kai ƙasa. Faratansa ba su taɓa rabuwa da ja ba. Matarsa takan ce ita dai mahauci ta aura, sai dai marar nama.

In damina ta wuce, ruwa ya koɗar da alamomin, sai ya bi su ɗaya bayan ɗaya yana sabuntawa. Wannan ba wanda ya sa shi. Na taɓa ce masa, "Yaya, wai kai ba ka gajiya? Akwai ginin da kake shafa wa tun ina budurwa, yanzu mai shi har bene ya ɗora."

"Auta, nawa shi ne shafawa," in ji shi. "Ranar da katafila za ta zo, kada a ce alamar ba ta fito ba."

Bayan layinmu akwai fili, ko in ce a da akwai. Kwari ne mai faɗi. Hukuma ce da kanta ta ware shi tun ba a haife ni ba, ta kafa allon ƙarfe ta rubuta cewa na jama'a ne, kada a yi gini. Dalilin kuwa ko akuya ta san shi. Duk ruwan da ya sauka a unguwar nan a filin yake taruwa ya huta, sannan ya bi ta wani matsattsen wuri a can ƙarshe, wanda muke kira maƙogwaro, ya fice zuwa rafi. Da rani yara su buga ƙwallo, mu mata mu shanya wanki. Gidanmu shi ne na ƙarshe a layi, ginin ƙasa ne da Baba ya yi wa shafen siminti, kuma ɗakin Inna ne a baya, tagarsa tana kallon filin. A ɗakin nan ta haife mu duka. Tun da ƙafafunta suka daina ɗaukarta, idonta kuma ya dusashe, duniyarta ta koma gadon nan da tagar nan. Ta sha faɗa mana cewa ita daga ɗakin nan sai kabari.

Sai bango ya tsage ƙadangare ke samun wurin shiga. Wani ne ya fara ajiye kwantena a bakin filin yana sayar da katin waya. Yaya ya shafa masa. Mutumin ya shiga zullumi, ya kwashe rabin kayansa ya kai gida, ya zauna jiran katafila. Shiru kake ji. Sai ya mayar da kayan, ya ƙara da rumfa. Mai wankin mota ya gani ya zuba siminti. Mai buga bulo ya gani ya kawo injinsa. Wani ya zo ya jera shaguna. Allon ƙarfen hukuma kuwa yanzu haka shi ne ƙyauren bayan gida a wurin wankin mota, rubutun yana nan a jikinsa ga mai son karantawa. Kowanne Yaya ya shafa masa, kowanne kuma ya ga babu abin da ya biyo baya.

Har abin ya juye. Alamar da ake gudu ta zama abin nema. Shagon da ke da jan fenti ya fi saurin samun ɗan haya, don kowa ya gane ainihin ma'anarta: ofis ya zo, ya gani, ya tafi. Wanda ba a shafa wa ba shi ne ke kwana da fargaba. Da kunnena na ji mai buga bulo ya tare Yaya a hanya yana cewa, "Haba Jan Fenti, me na yi maka? Na ƙara ɗaki tun watan jiya ba ka leƙo ba. In ka zo, don Allah ka yi mini babba irin ta maƙwabcina." Ranar Yaya ya dawo gida ko abinci bai taɓa ba.

Sai ga Mai Tifa, wanda ya gama da mu. Mutum ne mai motocin yashi, mai tumbi, mai fara'a, irin wanda zai gaishe ka da hannu biyu alhali yana taka maka ƙafa. Motocinsa suka yi ta juye jar ƙasa a tsakiyar kwarin har wurin ya fi layinmu tudu. Ya gina ɗakin taro na haya, ya zagaye shi da katanga, katangar kuma ta bi ta kan maƙogwaron nan ta toshe shi ruf. Tun ana haƙa harsashi Yaya ya kai magana ofis. Aka ce ya bari gini ya taso, ai ba a shafa wa rami fenti. Da gini ya taso ya je ya shafa. Mai Tifa da kansa ya riƙe masa tsani, ya sa aka kawo masa lemo mai sanyi. Yaya bai sha ba, kuma ba abin da rashin shan nasa ya rage wa kowa. Da aka zo yi wa katangar farin fenti, Mai Tifa cewa ya yi a zagaye alamar, kada a taɓa masa ita.

Ruwa dai ba ya karatu. Daminar farko ya zo ya tarar da hanyarsa a rufe, ya juyo ya kwanta a gindin bangon Inna. Ta biyu ya shigo har ɗaki. Siminti ya fara ɓamɓarowa, bango ya jiƙe har ƙugu, kayan sawarta suka ɗauki warin danshi, tari ya kama ta. Muka ɗora ƙafafun gadonta a kan bulo. Na roƙe ta ta dawo wurina kafin a ga yadda za a yi, ta ce ita ba kaza ba ce da za a riƙa canza mata akurki. Ta kafe a kan abu guda: ɗanta hukuma ne, ya shafa alama, katafila za ta zo. Kullum ya dawo daga aiki, kafin ya ajiye gwangwani sai ta ɗaga murya daga ɗaki.

"Ɗan nan, ta zo?"

"Tana hanya, Inna."

"To, Allah ya kawo ta lafiya."

Sai ka ce wata 'yar'uwarta ce da ta yi tafiya.

Ni ba ni da haƙurin Yaya. Wata safiya na rufe shago na tafi ofishin da ƙafata, ba da saninsa ba. Kafin in shiga sai da na zaga baya na ga katafilar da idona. Tana nan ƙatuwa, rawaya, ciyawa ta fito ta tsakanin sarƙoƙinta, kazar maigadi ta yi ƙwai a ƙarƙashin kujerar direba, masinja ya shanya wandonsa a bakinta. Daga nan na shiga wurin Oga, shugaban sashen su Yaya. Fanka na juyawa a sama, shi ma yana juyawa a kujera.

"Ranka ya daɗe, ruwa zai kayar da ɗaki a kan uwata."

"Subhanallahi. Malama, wane fili ne?"

Na faɗa masa.

"Af, ai mun san da shi. Mun ma ɗauki mataki, mun shafa alama."

"Na sani, ranka ya daɗe. Wanda ya shafa ɗin cikinmu ɗaya da shi. Rushewar na zo tambaya."

"To ai yanzu damina ce. Ƙasa ta jiƙe, in katafila ta shiga kafewa za ta yi. Ki bari rani ya shigo."

Rani ya shigo na koma, aka ce babu mai. Da aka samu mai, direba ya yi ritaya. Da aka ɗauki sabon direba, an sace batir. Daga nan aka kafa kwamiti, shugaban kwamitin ya tafi kwas. Kafin ya dawo hadari ya haɗo, ƙasa ta jiƙe. Ba wanda ya taɓa ce mini a'a a ofishin nan, ba wanda ya ɗaga mini murya. Da zagina suka yi da na fi jin daɗi, ko ba komai na rama. Su dai "Allah ya ba da haƙuri" ce a bakinsu, suna faɗa suna duba waya. Na tara matan layi muka je a ƙungiya, aka ba mu kujeru, aka yaba mana da kishin unguwa, aka rako mu har bakin ƙofa. Bikin 'yar Oga kuwa a ɗakin taron Mai Tifa aka yi shi. Muna zaune wajen Inna muna kwarfe ruwa da kwano, kiɗa yana shigo mana ta taga.

Ɓarawon fili ban cika jin zafinsa ba, shi ya ga banza ne ya ɗauka. Wanda nake jin zafi shi ne wanda aka ba amanar filin, aka ba shi ofis da fanka da katafila, ya zauna yana kallo ana yankar wurin kamar yadda nake yankar yadi, kuma ya kira jan fenti mataki. Da tun a kan kwantenar nan aka tsaya, da ba a zo ga katanga ba. Icce tun yana ɗanye ake tanƙwara shi, su kuwa sai da suka bari ya zama kuka.

Da muka ga tsagewa ta fito a bangon Inna daga taga har ƙasa, wadda yatsa ke shiga, ni da matar Yaya muka tsare shi a zaure. Muka ce a gina 'yar katanga a bayan ɗakin ta tare ruwa. Ya ce bayan ɗakin ai filin jama'a ne, iyakar Baba a gindin bango ta tsaya.

"Jama'ar suna ina?" in ji matarsa. "Leƙa ka nuna mini inda ya rage musu."

"Ni ma'aikaci ne. Me za a ce?"

Na ce, "Za a ce ɗan Inna ne. Yaya, in ɗakin nan ya faɗo mata, da fenti za ka tono ta?"

Ya ɗauki gwangwaninsa ya fita. Ranar hutu shi ya kwaɓa siminti da hannunsa. Katangar ba ta wuce ƙugu ba, tsawonta iyakar bayan ɗakin da ɗan lanƙwasa, abin da ta ci na filin bai fi shimfiɗar tabarma ba. Ni na fara kawo maganar, kuma gobe ma in aka maimaita zan sake kawowa. A daminar da ta biyo baya ruwa ya zo ya daki katangar ya tsaya. Bangon Inna ya bushe, muka sauke gadonta daga kan bulo, tarin da ya dame ta ya lafa.

Damina ta wuce, lokacin sabunta alama ya yi. Yaya ya bi filin gini bayan gini har ya iso katangar Mai Tifa. Mai ita yana zaune a inuwa da mutanensa. Ya bari sai da Yaya ya gama, sannan ya ɗaga murya yadda kowa zai ji.

"Sannu da aiki, Jan Fenti. Hannunka akwai kyau. To amma waccan 'yar ƙaramar fa?" Ya nuna tamu da baki. "Ko wanzami ne ba ya son jarfa?"

Aka kwashe da dariya. Ina bakin taga wajen Inna, komai a kan idona aka yi. Wani mutum zai yi dariya ya wuce abinsa, wani zai juyo ya wanke shi tas. Yaya sai ya ɗauki gwangwaninsa ya nufo katangarmu. Ya goge ƙura da tsumma. Ya ja baya, ya rufe ido ɗaya.

Na leƙo na ce, "Yaya, kanka ɗaya kuwa?"

"A filin jama'a take, Auta. In na tsallake ta, da wane ido zan shafa wa wani?"

"Da idon da Oga ya ci abincin biki."

Sai ya matso jikin taga, ya rage murya don kada Inna ta ji, ya faɗi abin da har yau yake ci mini rai.

"Ki kwantar da hankalinki. Shekara nawa ina shafawa? Kin taɓa ganin an rushe ko ɗaya?"

Ka ji fa. Mutumin da ya ƙarar da ƙuruciyarsa yana jiran katafila, ashe can cikin ransa ya daɗe da sanin ba za ta zo ba, har ya jingina uwarsa da wannan sanin. Katangar ta yi gajarta, sai da ya tsugunna ya ƙanƙanta rubutun kafin A RUSHE ta shiga. Matarsa ta zagayo ta gani, ta tafa hannu ta ce, "To madalla, yau mu ma mun shiga sahun manya."

Gab da damina ta gaba aka turo wa ofis sabon shugaba daga sama, irin masu zuwa da zafinsu. Ya ce shi aiki yake so ya gani da idonsa, kuma a gaban 'yan jarida. Ikon Allah, nan da nan mai ya samu, batir ya dawo, aka kori kaza. Ashe duk shekarun nan lafiyar katafila ƙalau.

Da hantsi ina shago na ji ƙasa tana rawa. Na bar rigar mutane a kan keken ɗinki na fito, ko mayafi ban gyara ba. Motoci a jere, ga 'yan sanda, ga masu kyamara, ga sabon shugaba da farar hular kwano sabuwa fil, Oga a gefensa yana ta gumi. Yaya na can baya da gwangwaninsa. Wallahi murna na gani a idonsa, ni ma kuma na yi.

Katafila ta nufi katangar Mai Tifa, ta ɗaga baki. Sai wayar sabon shugaba ta yi ƙara. Ya koma gefe ya toshe kunne ɗaya, muka ga yana rusunawa shi kaɗai yana, "To, ranka ya daɗe. To, ranka ya daɗe." Ya dawo ya ce wannan maganarta tana kotu, ba za a yi wa shari'a katsalandan ba. Aka juya kan shaguna. Oga ya raɗa masa wani abu a kunne, aka wuce. A wurin wankin mota samari sun yi cirko-cirko da duwatsu a hannu, babban ɗan sanda ya ce shi bai zo da shirin tarzoma ba. Mai buga bulo ya miƙa wa shugaba waya ya ce ga wani zai gaishe shi. Rana ta take, masu kyamara sun fara hamma, an ƙona mai, ko bulo ɗaya ba a ture ba.

Sai idon sabon shugaba ya sauka a kan 'yar katangarmu da alamarta ja jawur.

"Wannan ta wane ce?"

Oga ya share gumi. "Ta ma'aikacinmu ce, ranka ya daɗe. Shi ne ma mai shafa alamar."

"Shi ya shafa wa tasa?"

"Shi ne, ranka ya daɗe."

"Madalla! Irin ma'aikatan da nake nema ke nan. Da kanmu za mu fara, duniya ta ga ba sani ba sabo. Ina yake?"

Aka turo Yaya gaba. Na kutsa ina ihu, ina cewa akwai tsohuwa a bayan bangon nan, katangar ce ke tare mata ruwa, wadda ta toshe hanyar ruwan ga ta can sun tsallake ta. Wata 'yar sanda ta riƙe ni gam tana, "Yi haƙuri, Anti, yi haƙuri." Yaya ya buɗe baki ya ce, "Ranka ya daɗe, mahaifiyata..." Shugaba ya dafa kafaɗarsa ya juya shi wajen kyamara, ya ce ya ɗaga gwangwanin sama kaɗan. Tura ɗaya katafila ta yi. Direban, don ya nuna ƙwarewa, sai ya bi wurin ya baje shi sumul, ya bar gangaren yana kallon bangonmu. An bar jaki an daki taiki, kuma aka tafa.

Na shiga ɗakin Inna ban san ta inda zan fara ba. Na same ta ta yunƙura ta zauna da kanta, abin da ta daɗe ba ta yi ba, fuskarta wajen taga, tana murmushi hawaye na zuba.

"Auta, kin ji ta? Ta zo! Har gadona sai da ya girgiza. Ban ce muku ɗan nan ba ya aikin banza ba? Maza ki kai wa direban ruwa mai sanyi, bawan Allah ya sha rana."

Yaya yana tsaye a bakin ƙofa. Na dube shi, ya dubi ƙasa. Ba wanda ya iya gaya mata. Na ɗebi ruwa a kofi na fita, na watsar da shi a tsakar gida.

Da yamma aka nuna Yaya a talabijin da gwangwani a sama. Maƙwabta suka yi ta shigowa, ba su san barka za su yi ba ko jaje. Muka ce a sake ginawa. Oga ya kira Yaya ya ce masa yanzu idon duniya yana kan wurin nan, in aka ga ko bulo ɗaya to a bakin aikinsa. Mai 'ya'ya a makaranta kuwa ba ya wasa da bakin aiki. Muka jera 'yan buhunan yashi a gindin bango. Katafila ta koma bayan ofis, na ji an ce kazar ma ta koma.

Ba a jima ba ruwan farko mai ƙarfi ya sauka, da la'asar. Ruwan unguwa duka ya gangaro, ya daki katangar Mai Tifa, ya juyo ya bi gangaren da direba ya gyara masa. Buhunan yashi ko gaishe su bai yi ba. Kafin in iso daga shago ruwa ya kai gwiwa a ɗakin Inna, tsagewar bango tana zubar da ƙasa. Yaya ya durƙusa zai goya ta, ta riƙe ƙarfen gado ta ce ba inda za ta. Sai da matarsa ta ɓamɓare mata yatsu ɗaya bayan ɗaya tana kuka tana ba ta haƙuri. Muna isa tsakar gida muka ji bangon ya zauna. Ba wata ƙara ya yi ba, nishi ya yi, kwanon rufi ya bi shi. Gadonta da akwatinta da tagar duk suna ƙarƙashi.

Inna tana bayan Yaya, ruwa na dukanta. A kunnensa ta yi maganar, amma duk mun ji.

"Ɗan nan, ba an rushe ba? To ruwan nan ta ina ya biyo?"

Ya gyara mata goyo ya nufi zaure da ita.

Yanzu Inna tana ɗakina na haya a bayan shago, a kan katifa a ƙasa, ɗakin ba shi da taga. Ta daina tambayar katafila. Tambayarta ɗaya ce safe da yamma, yaushe za a mayar da ita ɗakinta. Nakan ce ana gyara. Ta rame, abinci sai da lallashi, kuma in Yaya ya zo gaishe ta takan laluba hannunsa ta riƙe.

Wurin da katafila ta baje kuwa bai yi zaman banza ba. Mai Tifa ya ga an share masa fili kyauta, ya miƙo katangarsa har inda bangon Inna yake a da, ya yi wurin ajiye motocin 'yan biki. Ofis ya ɗauki mataki. Aka tura Yaya.

Na bi shi, don na rantse sai na gani da idona. Na tsaya a kan tulin ƙasar da ya kasance ɗakin da aka haife mu. Ya goge ƙura da tsumma. Ya motsa fenti da kara. Ya ja baya ya rufe ido ɗaya, ya daɗe a haka, har na ɗauka zai watsa wa katangar gwangwanin gaba ɗaya, abin da ni zan yi ke nan. Bai watsa ba. Ya tsoma burushi ya ɗaga hannu, sai hannun ya ƙi tsayawa.

Na ce tun farko in ka ga layi ya miƙe sambal nasa ne. Akwai guda ɗaya a bayan layinmu da ta karkace, fenti ya zirara daga sama har ƙasa, rubutun ma ba ya karantuwa. Ita ma tasa ce.